Dabbobin Teku Masu Dogon Nutso, da Yaranmu Masu Gasar Riƙe Numfashi

Duk wanda ya taɓa cinikin turare ya san darajar ambar. Daga cikin wata ƙatuwar dabbar teku yake fitowa, wadda Larabawa ke kira hutul ambar. Ba kifi ba ce, haihuwa take yi, ta shayar, ta shaƙi iska kamar ni da kai. Amma takan nutsa fiye da mita 1,000, ta yi awa guda ba ta ɗago ba. A 2014 masana sun ba da rahoton wata 'yar'uwarta da ta kai mita 2,992 a gaɓar Kalifoniya ta Amurka.

To, ina take ajiye numfashin? Ba a huhu ba. Allah ya yi mata jini mai yawa da tsoka mai duhu, su ke riƙe iskar oksijin. Da ta nutsa sai bugun zuciya ya ragu, jini ya janye daga fata da hanji ya koma ƙwaƙwalwa da zuciya, kamar ɗan kasuwa mai tattalin jari a lokacin tsada. Haƙarƙarinta kuma na lanƙwashewa, huhu ya lotse, nauyin ruwa bai fasa shi ba.

Ko a cikinsu ba kowa ke da wannan baiwa ba. Ayun da kakanninmu suka sani a Kogin Kwara, da ɗan'uwansa na Bahar Maliya da ke kiwo a Dungunab, arewa da Port Sudan, 'yan mintoci suke yi su ɗago.

Abin da ya sa na kawo zancen, mu mutanen Hasahisa a bakin Shuɗin Nilu muka tashi, ga tur'o'in Jazira ko'ina. Yanzu yaƙi ya kai wasunmu bakin teku. Yaranmu kuwa wasansu ɗaya: wa zai fi daɗewa a ƙasan ruwa. Kafin su faɗa sai su yi ta jan numfashi da sauri. Wallahi nan haɗarin yake. Hakan ba ya ƙara oksijin sosai, yana danne ƙararrawar jiki ce da ke cewa ka ɗago. Sai yaro ya suma a ƙasa, ba ihu, ba fafutuka.

Iyaye, ku hana wannan gasa. Yaro kada ya shiga ruwa sai da babba a tsaye yana kallonsa. Allah ya tsare mana zuri'a.