Minti Biyu na Yininka a Gaban Kyamara

A hutun da ya wuce wani darakta ya yi cigiyar sababbin 'yan wasa. Bai kira mu tantancewa ba, cewa ya yi kowa ya tura masa bidiyon minti biyu na yadda yake yini. Na tura nawa, aka watsar da shi. Shi ya sa na ga ya dace in yi wa 'yan'uwana ɗalibai bayani, musamman 'yan ƙungiyar wasan kwaikwayo.

Irin wannan bidiyo ɗan wasa ne ke ɗaukar kansa, babu rubutaccen labari, babu wanda yake kwaikwaya. Darakta so yake ya gan ka lokacin da ba ka aktin: tafiyarka, muryarka in kana sayen ƙosai, yadda fuskarka ke canzawa in mai adaidaita ya ce ba canji. Da wannan yake gane rawar da za ta dace da kai. Ni kuwa shadda na aro, na jingina da motar da ba tawa ba, ina ta magana irin ta Ali Nuhu. To ai Ali Nuhu yana nan, wa ke neman na biyu?

Kada ka raina yininka. Ranar 24 ga Yuli, 2010, mutane a faɗin duniya suka ɗauki harkokinsu na ranar suka ɗora a YouTube, bidiyo wajen 80,000. Daga ciki Kevin Macdonald ya haɗa fim ɗin Life in a Day, wanda ya fito a 2011. Har da masu tashi daga barci da masu goge baki a ciki, kuma aka zauna aka kalla.

Wajen ɗauka, kwantar da wayar, taga ta kasance a gabanka ba bayanka ba. Sauti ya fi hoto ba da wahala. Janareta guda ya isa ya cinye maganarka kaf, gara ka ɗauka da sassafe.

Sai batun mutane. A hostel ba kai kaɗai ba ne, kuma wanda ya gifta da tawul bai ce yana son shiga fim ba. Tambayi kowa tukuna, balle 'yan mata, don abin da ya hau TikTok ba ya dawowa.

Nawa na biyu a layin famfo ya fara, ƙarfe shida, ina riƙe da bokiti ina hamma. Na tura makon jiya, ina jiran amsa.